Daga Magajiya zuwa Kansila: Mata da Iko a Ƙasar Magarya da Dungas

A Nijar an saba fara tarihin mata da siyasa daga ranar 13 ga Mayu 1991, ranar da dubban mata suka yi maci a Yamai saboda mace ɗaya tak aka saka cikin mutum 68 na kwamitin shirya Babban Taron Ƙasa. Sun samu ƙarin kujeru biyar, ranar kuma ta zama ta matan Nijar. Labarin gaskiya ne, sai dai na babban birni ne. Wanda ya dubi al'amarin daga Magarya da Dungas, a kudancin jahar Damagaram, zai tarar da cewa mata sun riƙe muƙami tun kafin su riƙe katin zaɓe, kuma abin da aka ƙwace musu a zamanin Turawa ƙuri'a ba ta maido shi ba. Hujjata ita ce, a wannan yanki iko yana zaune ne a fada da gona, kuma a waɗannan wurare biyu ne rabon mace ya fi raguwa.

Gidan sarautar Magarya reshe ne na tsohon gidan Daura. Bayan da masu jihadi suka kori Sarkin Gwari Abdu daga Daura a wajajen 1805, zuriyarsa ta bazu, ta zauna a garuruwa irin su Yekuwa, Zango, Baure da Magarya. Tare da tambura suka tafi da tsarin fadarsu, wanda M. G. Smith ya yi bayaninsa a littafinsa kan Daura na 1978. A cikin tsarin akwai Magajiya da Iya, mata masu sarauta da gida da barori, waɗanda sarki ba ya tsallake maganarsu da sauƙi. Dungas da Waca kuwa ƙasashen Sosebaki ne da suka daɗe suna bin Barno, inda Magira, uwar sarki, take da fadarta da ƙasarta. Can yamma, Iya a Maraɗi da Inna a Tsibirin Gobir suna shugabantar bori da sha'anin mata. Wato sarautar mace a nan muƙami ce mai gado da ka'ida, ba baiwar wata jaruma guda ba. Shi ya sa nake ganin yawan jingina da Sarauniya Mangu, wadda ta tari rundunar Voulet da Chanoine a Lugu a 1899, yana da illa duk da girman da ta cancanta: yana sa a ɗauka cewa mace mai iko abin mamaki ce da ke faruwa sau ɗaya a ƙarni.

Bai kamata a ƙawata wancan zamani ba. Magajiya 'yar sarauta ce. Matar talaka ba ta da murya a fada, baiwa kuma ba ta mallaki ko kanta ba. A ƙarni na 19, lokacin da Damagaram ta yi ƙarfi a ƙarƙashin Sarki Tanimu ta mamaye ƙasashen Sosebaki, da kuma yaƙe-yaƙen Amadu Kuran Daga da Kano, wannan yanki hanyar runduna ne, kuma mata da yara su ne ganimar da aka fi kwasa. Duk da haka, kasancewar mace a cikin majalisar sarki yana nufin akwai ƙofar da kukan mata yake bi.

Faransawa sun ci Zinder a 1899, yarjejeniyoyin 1904 da 1906 kuma suka tsaga ƙasar Daura gida biyu. Tsarin kanto da suka kafa namiji ɗaya ya sani: sarkin da zai tara haraji, ya kawo 'yan aikin tilas. Babu albashi ko gurbi ga mace mai sarauta a takardun kwamandan. Muƙamin bai mutu ba, amma an raba shi da hukunci, har a garuruwa da dama Magajiya ta koma shugabar mata masu zaman kansu.

Abin lura shi ne ta wannan ƙofar da aka rena siyasar jam'iyyu ta shigo. Dokar 1956 ta ba kowane baligi ƙuri'a a ƙasashen rainon Faransa, mace da namiji. Ƙauyukan nan biyu da William Miles ya kwatanta a littafinsa na 1994, Yekuwa a Nijar da Yardaje a Najeriya, suna nuna bambancin ƙarara: matar Yekuwa ta samu 'yancin zaɓe a 1956, 'yar'uwarta ta Yardaje sai a 1976, bayan gwagwarmayar irin su Gambo Sawaba da ɗaurin da suka sha. To amma matar aure ba ta fita taron gangami, don haka jam'iyyun RDA da Sawaba duka suka dogara ga magajiyoyi da matansu wajen tara jama'a, waƙa, girki da saukar baƙi. Barbara Cooper ta nuna daga Maraɗi yadda wannan ya bar tabo: an haɗa siyasar mace da zaman kai, har matar aure mai kishin ƙasa ta riƙa jin nauyin shiga ƙungiya. Ƙasar Damagaram cibiyar Sawaba ce. Bayan an haramta jam'iyyar a 1959, da kuma boren 1964 da wasu mayaƙansa suka shigo ta iyakar Najeriya, an kwashe maza zuwa kurkuku, wasu suka yi hijira Kano. Matan da suka riƙe gidaje a waɗannan shekaru sun biya kuɗin siyasar, amma sunayen da tarihi ya adana galibi na maza ne.

Ƙungiyar matan ƙasa da gwamnatin Kunce ta kafa a 1975 ta gaji wannan fasali: mata su yi anko, su tarbi baƙon gwamnati, a yanke shawara a wani ɗakin. Sai a 1987 aka fara naɗa mace, Mumuni A'isatu, a majalisar ministoci.

Dokar kaso ta shekarar 2000 ta kawo canji na gaske, kuma ba na cikin masu rena ta. Ta tanadi kashi 10 cikin ɗari na kujerun zaɓe da 25 na naɗi. A 2019 aka ɗaga zuwa 25 da 30. Majalisar 1999 mace ɗaya gare ta cikin 83, ta 2004 kuwa 14 cikin 113. Zaɓen ƙananan hukumomi na 2004 ya shigar da mata kansiloli majalisun garuruwa irin su Bande, Kwaya, Guci da Malawa, kuma da Dungas ta zama gunduma mai zaman kanta a 2011 hukuma ta ƙara matsowa kusa. Asusun Mata Masu Dubara, da aka fara a Maraɗi a 1991, ya koya wa matan ƙauye riƙe kuɗi da magana a gaban taro, wanda shi ne makarantar siyasar da yawancinsu suka samu.

Sai dai majalisar ƙaramar hukuma ba ita ke raba gona ba. Magarya da Dungas suna cikin yankunan da suka fi cunkoson jama'a a Nijar, gonaki sun tsuke, kuma binciken Marthe Diarra da Marie Monimart na 2006 a kudancin ƙasar ya nuna cewa idan gandu ya yi kaɗan, gamana, wato 'yar gonar da aka yanka wa mace, ita ake fara janyewa, wani lokaci da sunan hutar da ita. Rikicin gona kuwa gaban mai gari da sarkin kanto yake fara zuwa, kamar yadda dokar karkara ta 1993 ta amince, kuma a can babu kujerar da aka ware wa mace. Makamin da ya fi yi mata aiki shi ne rabon gado na Musulunci, wanda ya ba ta rabin kason namiji a inda al'ada kan hana ta ƙasa gaba ɗaya. Wannan ya kamata masu fafutuka su yi la'akari da shi, domin tun faɗuwar daftarin dokar iyali a shekarun 1990 ake kallon malamai a matsayin abokan hamayya kawai, alhali a batun gona sau da yawa su ne shaidun mace. Inda gonar ta kuɓuce, hanya ce ke biyo baya: mutum 92 da suka mutu da ƙishirwa a hanyar Aljeriya a Oktoban 2013 yawancinsu mata da yara ne daga Kance, maƙwabciyar Magarya.

A Afrilun 2024 gwamnatin soja ta rusa majalisun ƙananan hukumomi, ta naɗa masu riƙo. Da sa hannu ɗaya kujerun da dokar kaso ta samar wa matan Magarya da Dungas cikin shekara 20 suka tafi, fadojin sarakunan kanto kuwa suna nan suna sauraren ƙarar gona.