Gidaje Tara a Kan Allo: Hatimi da Duniyar Ɓoye a Tarihinmu

Lokacin da muke yara a Karaye, akwai wani allo da malaminmu ba ya bari kowa ya taɓa. Ba sura ce a jikinsa ba, wani zane ne mai kusurwa huɗu da aka raba gida tara, kowane gida da harafi ɗaya a cikinsa. Mu dai abin da manyan almajirai suka gaya mana shi ne, kowane gida da rauhanin da ke gadinsa. Ranar kasuwar Jega kuwa mukan tsaya gaban dukawa muna kallon yadda ake naɗe irin wannan takarda a rufe ta da fata ta zama laya. Sai da na girma na soma koyarwa sannan na gane cewa wannan zane, wato hatimi, yana da tarihin da ya fi ƙauyenmu tsufa nesa ba kusa ba.

Bari mu fara da yadda aka gina shi, domin a nan daɗin yake. A ilmin hisabi kowane harafin Larabci yana da lamba: alif 1, ba 2, jim 3, dal 4, har zuwa 9 da abin da ya yi sama. Idan aka jera 4, 9, 2 a sama, 3, 5, 7 a tsakiya, 8, 1, 6 a ƙasa, to duk ta inda mai karatu ya haɗa, a tsaye ko a kwance ko a karkace, 15 zai samu. Haruffan kusurwoyin nan huɗu, masu lamba 2, 4, 6 da 8, su ne suka ba da sunan "buduhu" da ake ji a bakin malaman ɗibbu. Kowace shekara nakan zana wa ɗalibaina wannan a allon aji in ce su musanya gida biyu kawai su gani. Nan take lissafin yake rushewa. To haka masu wannan ilmi suka ɗauki duniyar ɓoye: gari ne mai tsari, harafi ɗaya ya goce komai ya lalace.

Littafin da ya fi yaɗa wannan tunani shi ne Shamsul Ma'arif, wanda ake jingina wa Ahmad al-Buni, mutumin Arewacin Afirka da ya rasu wajen 1225. A cikinsa an ɗaura haruffa da taurari da ranakun mako da sunayen hadimai, kowane da sa'arsa da turarensa. Amma kada a ɗauka mu 'yan karɓa ne kawai. Muhammad bin Muhammad al-Fulani al-Kashinawi, Bakatsine, ya bar gida ya tafi aikin Hajji, kuma a 1732 ya rubuta Bahjatul Afaƙ, inda ya bayyana hanyoyin gina hatimi mai gidaje mara, wato uku-uku, biyar-biyar, bakwai-bakwai. Ya kuma rubuta Durrul Manzum a kan ɗalasimai da taurari. Ya rasu a Alƙahira a 1741 a gidan Hasan al-Jabarti, mahaifin shahararren masanin tarihin Masar. Masana tarihin lissafi a Turai da Amurka suna ambatonsa, amma ban taɓa tambayar aji ba wani ya ɗaga hannu ya ce ya san sunan.

A ɗaya gefen akwai birnin 'yan bori, Jangare, wanda babu ɗan Adam da ya taɓa shiga. Tremearne ya yi bayaninsa a 1914, shi kuma Besmer, wanda ya zauna da 'yan borin Kano, ya nuna a littafinsa na 1983 cewa gidaje goma sha biyu ne a birnin, ƙarƙashin Sarkin Aljan Sulaimanu, da fada da hakimai da maƙera da mahauta. Abin lura shi ne malami da ɗan bori, duk da ba sa ga maciji da juna, kalma ɗaya suka zaɓa: gida. Bahaushe ko aljani zai ƙaga sai ya ba shi unguwa da sarauta.

Ba a bar wannan al'amari ya tafi haka kawai ba. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo a Nurul Albab ya yi kakkausar suka ga masu da'awar sanin gaibu ta bugun ƙasa da duban taurari, da masu rubuta sunayen Allah da abu mai najasa. Mu da ke ƙasar Gwandu mun san nauyin wannan magana, kuma ni ba ina kiran kowa ya nemi asiri ba ne. Tarihi nake faɗa.

Inda abin ya shafe mu marubuta shi ne nan. Littattafan gasar 1933 da aka buga a 1934, kamar Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara, duk sun kai jarumansu cikin aljannu, haka ma Iliya Ɗan Maiƙarfi na Ahmadu Ingawa daga baya. Daga nan aka gaji littattafan yaƙi da suka cika kasuwa. Sai dai yawancin rubuce-rubucen da matasa ke kawo mini in duba, boka ne da zobe da madubin tsafi, an aro su daga Dare Dubu da Ɗaya ko finafinan Indiya. Jarumi ya shiga tsaka mai wuya, sai a murza zobe a wuce. Babu doka, babu farashi, saboda haka mai karatu ba ya jin tsoron komai a kansa.

Kwanan baya wata ɗalibata ta kawo mini labarin wani birni mai ƙofa tara, inda aka sace harafin tsakiya, mai lamba 5, unguwanni suka soma zamewa daga mazauninsu. Shafi shida ne kacal a littafin rubutu, kuma ba ta san yadda za ta ƙarasa ba. Na ce ta koma ta lissafa abin da zai faru ga kowace unguwa tukuna, ta dawo mini da shi bayan hutu.