Akwatin kaboyin Moustapha Alassane

A 1966, shekara shida bayan Nijar ta samu 'yanci, Moustapha Alassane ya fitar da wani gajeren fim mai suna Le Retour d'un aventurier. Labarin ba shi da yawa. Wani saurayi, Jimmy, ya dawo daga Amurka da akwati cike da malafuna da takalma da bindigogi, ya rarraba wa abokansa. Suna sanyawa sai kowa ya sake suna, wannan Black Cooper, waccan Reine Christine (Zalika Souley ce ta fito a matsayinta), suka haye dawakai suka addabi ƙauye. Dajin na Nijar ne, dawakan ma haka. Duk abin da ya mayar da fim ɗin na kaboyi daga akwatin nan ya fito. Shi ya sa duk mai neman tushen sana'ar tsara kamannin fim a yankinmu, wato zaɓen tufafi da wuri da kayan aiki, daga wannan mutum ya kamata ya fara.

Wani zai ce ai darakta ne, don me za a ɗora masa wata sana'a? Gaskiya ne, amma a Yamai ta lokacin babu ma'aikatan da za a raba wa aiki. Mai kyamara shi ne tela, shi ne kafinta. An haifi Alassane a N'Dougou a 1942, ya fara da kanikanci, ya haɗu da mai shirya fim Jean Rouch, sannan ya je Kanada wurin Norman McLaren ya koyi zane mai motsi. Kwaɗin fim ɗinsa Bon Voyage Sim, inda shugaban ƙasar kwaɗi ya tafi ziyarar aiki, da hannunsa ya zana su, kuma da 'yan tsana ya shirya Samba le Grand a 1977. Wanda ya ƙera ɗan wasansa da kansa, wa zai hana shi sunan mai tsarawa?

Suka ta biyu ita ce kwaikwayo, irin wadda ake yi wa Kannywood kan finafinan Indiya. A nan masu sukar ba su kalli Le Retour d'un aventurier da kyau ba. Kwaikwayon shi ne abin da ake wa dariya: malafa ta shiga kan yaro, hankali ya fita, har aka kai ga zubar da jini. Tufafin ne suka ɗauki saƙon, kafin kowa ya buɗe baki.

Alassane ya zauna a Tawa yana aiki a otal ɗinsa, ya rasu a Wagadugu a 2015. Matasan Manga da Zuru masu ɗaukar fim da waya, kayan bikinku na Uhola da rumbunan gidajenku sun fi akwatin Jimmy cika. Ku samo wanda zai tsara su kafin ku kunna kyamara.