Waƙar Reno a Dajin Mafarkin Shakespeare

A wajenmu waƙar reno ta uwa ce da jaririnta. Amma idan muka leƙa tarihin adabin Ingila za mu tarar da wadda aka rera wa sarauniya sukutum. Tana cikin wasan kwaikwayon William Shakespeare mai suna A Midsummer Night's Dream, wanda aka fara bugawa a 1600.

Wasan ya kai mu wani daji kusa da birnin Atina, inda aljanu ke mulki, farke da mafarki suka cakuɗe. Da Titania, sarauniyar aljanu, za ta kwanta, sai kuyanginta suka rera mata waƙa suna korar macizai da bushiya da gizo-gizo daga shimfiɗarta. Wato waƙar ta zama tamkar laya, kamar yadda waƙoƙin reno na al'ummomi da dama ke haɗa lallashi da neman tsari.

To, amma tsarin bai yi aiki ba. Ana gama waƙar mijinta Oberon ya lallaɓo ya ɗiga mata ruwan wani fure a ido, ta farka tana son Bottom, masaƙin da aka mayar wa kai na jaki. An tsare ƙwari, an manta da na gida.

Waƙar ta daɗe a bakin duniya. Felix Mendelssohn na Jamus ya yi mata kiɗa a 1843, Benjamin Britten kuma a 1960.

Mu marubuta sai mu lura: duk waƙar da za mu sa a labari, ta zamanto tana ɗauke da wani nauyi na labarin.