Sajewa da Takardar Asali: Matsayin Baƙo a Minna

Sashe na 27 na kundin tsarin mulkin Nijeriya na 1999 ya gindaya sharuɗɗa ga baƙon da ke neman zama ɗan ƙasa. Daga cikinsu akwai zaman shekara 15 a ƙasar, akwai kuma gamsuwar gwamnan jihar da yake zaune cewa mutanen wurin sun karɓe shi, kuma ya saje da irin rayuwarsu. Dokar ta ɗauka ke nan cewa kowane wuri yana da al'umma guda da salon rayuwa guda da baƙo zai shiga. A kan irin wannan zato aka gina wani ra'ayi da ake yawan ji a tarukan ƙara wa juna sani a Arewa, wai rigimar baƙo da ɗan gari ba ta da saiwa a inda ake jin Hausa, domin Hausa takan haɗiye duk wanda ya zo: ya koyi harshe, ya yi aure, ya hayayyafa, jikansa ya tashi ba wanda zai nuna shi da yatsa. Tarihin Minna yana nuna cewa ra'ayin ya gwama abubuwa biyu da ba hanyarsu ɗaya ba, wato sajewa a al'ada da samun haƙƙi a gaban hukuma.

Ba a musun cewa sajewar tana faruwa. Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari sun shigo ƙasar Hausa da baƙunci, suka zama manyan fataken goro (Lovejoy 1980), Gungawan Yawuri da yawa sun koma Hausawa (Salamone 1975), an kuma nuna yadda ƙaura ta gina Katsina da sauran al'ummar Hausawa a Afirka ta Yamma (Adamu 1978, Usman 1981). Sai dai malaman nan ba su ce sajewa tana ba da haƙƙi a ƙasa mai kundin tsarin mulki ba. Masu karanta su ne suka yi wannan ƙari.

Minna garin Gbagyi ne, waɗanda Hausawa ke kira Gwarawa. Kafin mulkin Turawa mazauninsu yana kan duwatsun da ke kallon garin na yanzu, kuma hare-haren neman bayi na gidan Nagwamatse na Kontagora a ƙarshen ƙarni na 19 ba su bar wa kowa sha'awar sauka fili ba. Jirgin ƙasa ne ya sauko da gari. An fara shimfiɗa layin dogo daga Baro a 1907, ya isa Kano a 1911, sannan layin da ya taso daga Legas ya haɗu da shi a Minna a 1912. Mahaɗar ta jawo leburori da 'yan kwangila da akawuna da mahauta da malamai, Hausawa da Nufawa da Yarbawa da Ibo. Unguwannin Limawa da Kwangila da Sabon Gari da Kateren Gwari suna riƙe da wannan tarihi, haka ma Dutsen Kura da ake raba shi biyu a baki, na Hausa da na Gwari. Da aka ƙirƙiro Jihar Neja a 1976 aka mai da Minna babban birninta, sai wani sabon ayari ya iso, na ma'aikatan gwamnati daga Bida da Kontagora da Lapai da Agaie.

A nan ne misalin su Agalawa ya daina aiki. Ba'agalen da ya sauka Kano ya koyi harshen masu gari, ya shiga addininsu da sana'arsu, don haka sajewarsa ta kai shi cikin 'yan gari kai tsaye. Baƙon da ya sauka Minna Hausa yake koya, domin da ita ake ciniki a kasuwa, da ita ake lodi a tasha, da ita yara ke wasa a lungu. Amma ita kanta Hausar a nan harshen waɗanda suka zo ne. Mutum na iya shekara hamsin a Tunga ko Kpakungu, Hausarsa ta nuna, bai iya gaisuwa da Gbagyi ba, kuma ba abin da zai rasa a harkarsa ta yau da kullum. Ya saje da birnin da reluwe ya haifa, bai kusanci al'ummar da doka ke kira ta asali ba. Idan gwamna zai auna sajewar da sashe na 27 ke nufi, da wuya a ce ga rayuwar da zai auna da ita.

Ita kuwa doka, da ta zo rabon haƙƙi tsakanin 'yan ƙasa, ba ta waiwayi harshe ba. Sashe na 15 ya ɗora wa gwamnati tabbatar wa kowane ɗan ƙasa cikakken 'yancin zama a ko'ina, sashe na 42 ya hana wariya. Amma sashe na 14 ya kafa tsarin daidaita rabon muƙamai, na 147 ya ce a naɗa minista daga kowace jiha kuma ya kasance ɗan asalinta, na 318 ya fassara zama na wata jiha da cewa ɗaya daga iyaye ko kakanni ya fito daga al'ummar asali ta jihar. Jini ake bi ke nan, kuma inda ake ganin haka ƙarara shi ne wajen neman takardar da kowa ke kira indijin. Yaron da ya gama sakandare yana son jami'a ko aikin soja ko ɗan sanda ba ya farawa da sakatariyar ƙaramar hukumar Chanchaga ko ta Bosso. Ƙofar mai unguwa yake fara zuwa, da hoton fasfo a hannu, galibi mahaifi ko kawu yana gaba. Akan tambaye shi ɗan gidan wa ne, sannan a tambayi daga ina mutanen gidan suka zo. Amsar ta biyu ce ke yanke ko takardar za ta wuce ga hakimi, daga nan ta isa ƙaramar hukuma. Takardar haihuwa daga asibitin garin ba ta amsa wannan tambaya.

Marubuta biyu da aka haifa a Minna sun isa misali. Cyprian Ekwensi, haihuwar 1921, ya san Arewa sanin da ya kai shi rubuta labarin makiyaya Fulani, amma a lissafin hukuma mutumin Nkwelle Ezunaka ne a Jihar Anambra. Ben Okri, haihuwar 1959, ɗan ma'aikacin reluwe ne Ba'urhobo. Ya ci kyautar Booker a 1991, Birtaniya ta ba shi lambar girma ta Sir a 2023, alhali a ƙa'idar sashe na 318 haihuwarsa a Minna ba ta ba shi komai a Jihar Neja. A ɗaya gefen akwai mai shayi ko ɗan ga-ruwa da ya zo daga Maraɗi ko Tawa. Ranar da ya sauka ya riga ya cika sharaɗin sajewa fiye da Ba'ibon da aka haifi kakansa a Sabon Gari: harshe ɗaya, sahun salla ɗaya, tuwo ɗaya. Duk da haka ba ɗan ƙasa ba ne, kuma ɗan da zai haifa a Minna ba zai zama ɗan ƙasa ba sai in uwar ko wani daga kakanni ɗan Nijeriya ne, domin sashe na 25 bai yarda da haihuwa a ƙasa kaɗai ba. Abin da ya rufa masa asiri shi ne yarjejeniyar zirga-zirga ta ECOWAS ta 1979, ga shi kuma Nijar ta fice daga ƙungiyar a Janairun 2025.

Mai riƙe da ra'ayin sajewa yana da martani, kuma ba mai rauni ba ne. Zai fara da cewa shugabannin ƙasa biyu sun fito daga Minna, Ibrahim Babangida da Abdulsalami Abubakar, haihuwar 1941 da 1942, kuma ba wanda ke jayayya da kasancewarsu 'yan gari, ko da yake Hausa ce harshen da aka san su da shi. Wannan gaskiya ne. Amma gidajen da suka kafu a yankin tun zamanin En'e sun shiga lissafi kafin a fara tambayar takarda. Tsarin daidaita rabo ya shiga kundin tsarin mulki ne a 1979, hukumar da ke kula da shi kuma an kafa ta a 1996. Ga alama lokacin isowa ne ya yi musu aiki, domin wanda ya iso bayan an ja layin, ko Hausarsa ta fi tasu, ba lalle ya sami abin da suka samu ba.

Zai kuma kawo Gwamna Mohammed Umaru Bago, wanda aka haifa a Minna a 1974, ya wakilci Chanchaga a Majalisar Wakilai daga 2011 zuwa 2023. Banufe ya ci zaɓe sau uku a tsakiyar ƙasar Gbagyi; wace shaidar sajewa ta wuce wannan? Misalin ya fi taimakon ɓangaren da yake son rushewa. Neja tana karɓa-karɓar kujerar gwamna tsakanin shiyyoyi uku: Abdulkadir Kure daga shiyyar kudu, Mu'azu Babangida Aliyu daga ta gabas inda Minna take, Abubakar Sani Bello daga ta arewa. Da zagaye ya dawo kudu a 2023, an lissafa Bago a shiyyar Bida, aka ɗauko mataimakinsa daga shiyyar gabas. Ƙuri'a ta bi wurin zama, rabo ya bi gidan kaka, a kan mutum guda.

Martaninsa mafi nauyi shi ne zaman lafiya. Jos ma garin ma'adinai da reluwe ne, ta kuma ƙone a 1994 da 2001 da 2008 a kan wannan tambaya ta asali, Minna kuwa ba ta ga irin haka ba. Sai dai Hausawan Jos ba su gaza kowa daɗewa ba, kuma Hausa ce harshen kasuwa a can ma, don haka harshe ba zai zama bambancin ba. Akwai dalilai biyu da suka fi kama hankali. Sarautar Minna tana hannun gidan Bahago mai tushe a Kuta, gidan Gbagyi ne kuma Musulmi, don haka layin addini da layin asali ba su hau kan juna ba kamar yadda suka yi a Jos. Na biyu, zaman Minna babban birni ya cika ta da Nufawa da Kambari da Kamuku da sauran waɗanda 'yan jiha ne ba 'yan ƙaramar hukumar ba, sai jayayyar ta rasa ɓangarori biyu da za su fuskanci juna. Rashin tashin hankali kuma bai nuna cewa kowa ya sami haƙƙinsa ba. Rahoton Human Rights Watch na 2006 ya nuna cewa wariyar kuɗin makaranta da ɗaukar aiki ta zama ruwan dare a jihohi, ko da ba a zubar da jini ba.

Duk da haka dole a rage faɗin da'awar. Ba za a ce sajewa ba ta da wani tasiri a kan takarda ba. Ƙa'idojin hukumar daidaita rabo sun yarda da ɗan asali iri biyu: wanda ya gada, da wanda ƙaramar hukuma ta karɓa a matsayin nata. Wannan ƙofa ta biyu a hannun masu sa hannu take, kuma sai da ɗan gari akan ci gari. Wanda sunansa da addininsa da surukansa suka yi kama da na mai unguwa ya fi kusa da samun shaida, har ɗan mutumin Maraɗi yana iya riga jikan ma'aikacin reluwe daga kudu. Abin da hujja za ta iya ɗauka shi ne cewa sajewa tana sauƙaƙa alfarma, kuma alfarma ana iya janye ta. Shugaba Abdurrahman Darman ya saje har ya zama shugaban masu rinjaye a Majalisar Dokokin Borno, amma a Janairun 1980 gwamnatin tarayya ta tasa ƙeyarsa zuwa Cadi da zargin ba ɗan ƙasa ba ne. Da kotu ta mayar masa da haƙƙinsa, asalin mahaifiyarsa ta duba. Mazauna zango a Gana, waɗanda da yawansu can aka haife su, sun ga irin wannan a Nuwamban 1969, lokacin da gwamnatin Busia ta ba baƙi marasa takarda mako biyu su fice.

Akwai ɓangaren da masu ra'ayin sajewa ba su cika saurara ba, wato su Gbagyi. Idan aka ce kowa ya narke cikin Hausa, su ma ana nufin su narke, a garinsu. Al'umma ce da dokar 1976 ta yanki ƙasarta aka gina Abuja, madatsar Shiroro da aka buɗe a 1990 ta tashi ƙauyukanta, filayen noman da ke gefen Minna kuma suna komawa fuloti. Ga mai irin wannan tarihi takardar asali ita ce ɗan abin da ya rage da yawan jama'a ko kuɗi ba su ƙwace ba. Mahmood Mamdani (1996) ya danganta rabuwar ɗan asali da baƙo ga tsarin mulkin mallaka, ana kuma kafa hujja da shi wajen neman a mai da haƙƙi kan wurin zama. Ko an karɓi bayaninsa, soke takardar ba tare da wata kariya ga filaye da wakilcin ƙananan al'ummu ba zai fi amfanar wanda ya riga ya fi ƙarfi a birni.

Wannan saɓani ne ya bayyana a 2025, lokacin da mataimakin kakakin Majalisar Wakilai, Benjamin Kalu, ya gabatar da ƙudirin da zai ba da matsayin ɗan asali ta hanyar haihuwa ko aure ko zaman shekara 10. Suka ta taso daga ƙungiyoyin al'ummu a sassa daban-daban, ya janye ƙudirin a shekarar. Da ya zama doka, da tambayar da ake yi a ƙofar mai unguwa a Limawa ko Maitumbi ta koma ta shekarun zama, abin da ake iya tabbatarwa da rasit ɗin haya da rajistar makaranta. Tun da an janye shi, hukuncin yana nan a hannun ƙananan hukumomin Chanchaga da Bosso, kowace da yadda take fassara karɓa.