Waƙar Renon Da Ke Tayar Da Mai Barci

Mai karatu, ka san aikin waƙar reno shi ne sa yaro barci. To, yau shirinmu na tarihi zai kai ka Japan, inda aka ƙaga wata waƙa mai taushi irin na reno, amma ita tayar da mai barci take yi.

A shekarar 1993 kamfanin Nintendo ya fitar da wasan bidiyo mai suna Link's Awakening a na'urar hannu ta Game Boy, ƙarƙashin jagorancin Takashi Tezuka. A labarin, jirgin ruwan wani saurayi, Link, ya tarwatse, igiyar ruwa ta jefo shi tsibirin Koholint. Wata budurwa mai suna Marin ta tsince shi. Ita ce ke rera waƙar Kifin Iska, har dabbobi kan taru su saurare ta.

Sannu a hankali gaskiya ta fito: tsibirin nan kaf mafarkin Kifin ne, shi kuwa yana barci cikin wani ƙaton ƙwai a ƙolin dutse. Link ba shi da hanyar fita sai ya tara kayan kiɗa 8 ya kaɗa waƙar a gaban ƙwan. Kifi na farkawa, gari da mutanensa, har Marin, suka ɓace.

Ka ga inda gizo ke saƙar? Waƙar da ta haɗa kan mutanen tsibirin ita ce ajalinsu, kuma mai wasan da hannunsa yake kaɗa ta.

An sabunta wasan a 1998 da 2019, tambayar tana nan: in kai ne, za ka kaɗa?