Judith Malina: 'Yar wasan da ta shigo da 'yan kallo cikin wasa

Judith Malina 'yar wasan kwaikwayo ce kuma mai ba da umarni a ƙasar Amurka, wadda ta shafe kusan shekara 70 tana ƙoƙarin kawar da shingen da ke tsakanin dandamali da 'yan kallo. An haife ta ranar 4 ga Yuni, 1926, a birnin Kiel na Jamus. Mahaifinta malamin addinin Yahudu ne, kuma tun tana ƙarama iyayenta suka yi ƙaura da ita zuwa New York.

Ta koyi sana'ar a hannun Erwin Piscator, Bajamushen da ya ɗauki wasan kwaikwayo a matsayin makamin siyasa. A 1947 ita da Julian Beck, wanda ta aura daga baya, suka kafa ƙungiyar The Living Theatre. Aƙidarsu ita ce ƙin yaƙi da ƙin danniyar masu mulki. A ganinsu, wanda ya saba zama shiru a zauren wasa, shiru zai yi idan aka zalunce shi a waje.

A wasan The Connection da ta ba da umarni a 1959, 'yan wasa kan sauko lokacin hutu su roƙi 'yan kallo kuɗi, tamkar mashaya ƙwaya na gaske. A 1963, ana tsakiyar nuna The Brig, wanda ya fallasa azabar kurkukun soja, hukumar haraji ta rufe gidan wasansu. Malina ta yi zaman kaso na kwana 30, ƙungiyar kuma ta shafe shekaru huɗu tana yawo a Turai.

A can ne suka shirya Paradise Now, wanda aka nuna a bikin Avignon na Faransa a 1968. 'Yan wasa sukan kutsa cikin jama'a suna tsokano gardama, su jawo mutane kan dandamali, daga ƙarshe su nufi titi tare da su. Wasu masu sharhi sun yaba, wasu kuwa sun ce tursasawa ce da sunan 'yanci. A 1971 gwamnatin sojan Brazil ta tsare su bisa zargin mallakar tabar wiwi, sannan ta kore su daga ƙasar.

Bayan mutuwar Beck a 1985, ta ci gaba da jagorancin ƙungiyar tare da Hanon Reznikov, mijinta na biyu. Ta kuma fito a finafinai irin su Dog Day Afternoon a 1975 da The Addams Family a 1991.

A 2013 kuɗin haya ya gagara, aka rufe gidan wasanta da ke titin Clinton a New York. Ta koma gidan kula da tsofaffin 'yan wasa a Englewood, jihar New Jersey, inda ta mutu ranar 10 ga Afrilu, 2015, tana da shekara 88.