Daga Schuyler zuwa Skylar: yadda sunan wata zuri'ar Holandawa ya koma sunan yanka a Amurka

Gabatarwa

Littattafan da ake sayar ma iyaye a Amurka don zaɓen sunan jariri sukan rubuta a gaban Skylar ko Skyler cewa asalinsa holandanci ne, ma'anarsa kuwa « ɗalibi » ko « mai ilimi ». Wannan bayani na layi guda ya haɗiye tarihin shekara fiye da 350. Manufarmu cikin wannan aiki ita ce mu bi sawun sunan daga Amsterdam zuwa kwarin kogin Hudson, mu ga inda ya canza lafazi, inda ya canza rubutu, da inda ya canza matsayi. Za mu nuna cewa ma'anar da ake jingina ma sunan ita ce abu mafi rauni cikin tarihinsa, kuma a manyan matakan da ya taka, ta hannun mata ya bi. Darasi ne ga ɗalibanmu masu nazarin sunayen mutane, fannin da ake kira anthroponymie da faransanci.

1. Zuwan sunan ƙasar Amurka

A farkon ƙarni na 17 talakawan Holandi da yawa ba su da sunan zuri'a tsayayye. Mutum yakan ɗauki sunan ubansa ya liƙa masa ɗafin -sz, -sen ko -se. Pieterse na nufin « ɗan Pieter », kamar yadda Bahaushe ke cewa wane ɗan wane. Sai a shekara ta 1811, ƙarƙashin mulkin Napoléon, doka ta tilasta ma kowane gida ya rubuta suna guda wanda ba ya canzawa.

An haifi Philip Pieterse Schuyler a Amsterdam a 1628. Ubansa Pieter Tjercks mai gasa burodi ne, mutumin Emden, garin da ke arewa maso yammacin Jamus ta yau. Uwarsa ita ce Geertruyt Philips van Schuylder. Tjercks ɗin uban sunan kaka ne kawai, don haka Philip da ƙanensa David suka ɗauki sunan gidan uwarsu. Wannan shi ne karo na farko da sunan ya bi ta hannun mace.

Wajen 1650 Philip ya tsallaka teku zuwa Nieuw-Nederland, yankin da kamfanin Holandawa na Indiya ta Yamma ke riƙe da shi a bakin kogin Hudson. A shekarar nan ya auri Margaretha van Slichtenhorst, ɗiyar mai kula da babban gandun Rensselaerswijck. Ya zauna Beverwijck, ya yi arziki da fataucin fatun dabbar ruwan nan da Faransawa ke kira castor, wadda garin ya samo sunansa daga gare ta. A 1664 Ingilishi suka ƙwace yankin daga hannun gwamna Stuyvesant: Nieuw-Amsterdam ta koma New York, Beverwijck ta koma Albany. Garuruwa suka canza suna, manyan gidajen Holandawa kuwa suka riƙe nasu, tare da filayensu da harshensu. Martin Van Buren, wanda ya shugabanci Amurka daga 1837 zuwa 1841, da holandanci ya fara magana.

2. Batun ma'ana

Fassara iri biyu ce ke yawo. Ta farko ta danganta sunan da kalmar jamusanci Schüler, watau ɗalibi. Ta biyu ta danganta shi da aikatau na holandanci schuilen, watau fakewa ko ɓuya. Mu duba abin da siffar kalmar ke nunawa.

Na farko, harafin « uy » tsohon rubutu ne na abin da ake rubutawa « ui » a yau: huys ya koma huis (gida). Saboda haka schuyl- daidai yake da schuil- na zamani. Saiwar nan ce ke cikin sunan kogin Schuylkill na Pennsylvania, « ɓoyayyen rafi ». Kalmar holandanci ta ɗalibi kuwa ita ce scholier, da wasalin « o ». Ashe mai son kaiwa ga « ɗalibi » dole ya ratsa ta jamusanci, ya ce an ari kalmar an daidaita mata rubutu. Zaman uban mutumin Emden ne ba ya taimakon wannan ra'ayi, tun da sunan daga wajen uwa ya fito.

Na biyu, baƙin « d » da ke cikin Schuylder ba ya raba siffofin biyu. Holandanci yakan cusa [d] tsakanin [l] da ɗafin -er: kelder (ɗakin ƙarƙashin ƙasa) a gaban Keller na jamusanci, daalder a gaban Taler, kuɗin azurfan da dalar Amurka ta gaji sunansa.

Na uku, akwai ƴar kalmar van, « daga », wadda ƴaƴan suka yar. A sunayen Holandawa, sunan wuri ne ya fi biyo bayanta: Van Buren, « daga Buren ». A ganinmu wannan ita ce hujja mafi nauyi, kuma tana karkata ga cewa sunan na nuna inda gidan ya fito. Fassarar « mai ilimi » ta yi rinjaye cikin littattafan sunaye sabili da tana yi ma iyaye daɗin ji, amma daɗin ji ba hujja ba ne ga mai nazarin asalin kalma.

3. Lafazi a bakin wasu

A holandancin yau « sch » na farkon kalma ana furta shi [sx], « ui » kuma [œy]. Ingilishi ba shi da ko ɗaya daga cikinsu, sai ya maye gurbinsu da [sk] da [aɪ]: [skaɪlər]. Canjin wasalin ba na sunan nan kaɗai ba ne, don haka mutanen New York ke furta Stuyvesant da Spuyten Duyvil. A Pennsylvania kuwa Schuylkill ya tafi wata hanyar, ya zama [sku:l]. Rubutu ya tsaya irin na Amsterdam, baki ya koma na Ingilishi, kuma wannan giɓi shi ne zai haifi siffofin ƙarni na 20.

Gidan ya taɓa gamuwa da irin wannan daidaitawa ta wani harshen dabam. Pieter Schuyler (1657-1724), ɗan Philip, shi ne magajin garin Albany na farko a 1686, kuma shi ya raka shugabannin ƴan asalin ƙasar su huɗu zuwa Landan wajen sarauniya Anne a 1710. Mutanen Mohawk, waɗanda harshensu ba shi da baƙaƙen leɓe irin [p] da [b], suna kiran shi Quider, watau Pieter a bakinsu.

4. Daga sunan zuri'a zuwa sunan yanka

Wanda ya fitar da sunan daga Albany zuwa ƙasar baki ɗaya shi ne janar Philip Schuyler (1733-1804), tattaɓa-kunnen Philip na farko. Ya riƙe rundunar arewa a farkon yaƙin neman ƴancin kai, ya zama sanatan New York a 1789, ɗiyarsa Elizabeth kuma ta auri Alexander Hamilton a 1780. Gundumomi uku, a Illinois da Missouri da New York, suna ɗauke da sunansa.

Manyan gidajen Amurka suna da al'adar bai ma yaro sunan zuri'ar uwarsa, don kada sunan ya ɓace da aure, kuma don a san da wa aka haɗa jini. Delano da ke tsakiyar sunan Franklin Delano Roosevelt sunan gidan uwarsa ne. Haka William Colfax, wanda ya shugabanci dogaran George Washington, ya auri Hester Schuyler, ƴar dangin janar, suka raɗa ma ɗansu Schuyler. Ɗan wannan, wanda aka haifa a 1823 bayan rasuwar ubansa, ya ci sunan uban: shi ne Schuyler Colfax, shugaban majalisar wakilai daga 1863 zuwa 1869, sa'annan mataimakin shugaba Grant daga 1869 zuwa 1873. Karo na biyu ke nan da mace ta tsallakar da sunan. Daga nan wanda ba shi da ko ɗigon jinin gidan yana iya yi ma babban mutum takwara. Garin Schuyler na Nebraska, cikin gundumar Colfax, sunan yankan mutumin ya ɗauka.

Akwai hanya ta biyu da littattafan sunaye ba su ambata. Gidan Schuyler ya mallaki bayi, janar ɗin kuma yana cikin waɗanda suka fi kowa yawan bayi a Albany. Jihar New York ba ta kawo ƙarshen bauta ba sai 1827. Baƙaƙen fata ma sun ɗauki sunan a matsayin na zuri'a, kamar ɗan jarida George Schuyler (1895-1977). Saboda wannan tarihi ne aka ɗauke gunkin janar daga gaban ma'aikatar magajin garin Albany a watan Yuni na 2023.

5. Skyler da Skylar

A ƙarshen ƙarni na 20 iyaye suka shiga rubuta sunan yadda suke jin shi. Da « Schuy- » ya koma « Sky- », ido ya ga kalmar ingilishi sky, watau sararin sama, sunan ya samu sabuwar ma'ana wadda ba ta da alaƙa da Holandi. Wannan shi ne abin da ake kira étymologie populaire, fassarar da masu harshe ke ƙaga ma baƙuwar kalma da kayan gida. Karin sautinsa ya zo daidai da na Tyler da Taylor, su ma sunayen zuri'a da suka koma na yanka suka yi tashe a shekarun 1990. Sinima da talabijin suka ƙara masa gudu: Skylar budurwa ce cikin fim ɗin Good Will Hunting na 1997, Skyler matar aure ce cikin Breaking Bad (2008-2013). Siffar Skylar ta karkata ga ƴaƴa mata, Skyler kuwa maza da mata suna ɗaukar ta. A 2015 wasan kwaikwayon Hamilton ya maido da tsohon rubutun gaban jama'a ta hanyar ƴaƴan janar mata.

Kammalawa

Cikin ƙarni uku da rabi sunan ya yi aiki huɗu: ya nuna gidan uwa a Amsterdam, ya nuna dukiya da mulki a Albany, ya zama girmamawa ga babban mutum a ƙarni na 19, ya zama zaɓen kunne a ƙarni na 20. A kowane mataki masu ɗauke da shi sun yar da wani abu: van, sa'annan lafazi, sa'annan rubutu. Abin da muke jawo hankalin ɗalibai a kai shi ne tsarin bincike. Kafin a tambayi ma'anar suna, a nemi siffarsa mafi tsufa cikin takardu, a gano wa ya ba wa, a auna canjin sauti da wasu kalmomin da suka bi hanya ɗaya da shi. Idan an yi haka, tambayar ma'ana takan zo daga ƙarshe, amsarta kuma takan kasance fiye da ɗaya.